Kai da "ina kan gada"

Ɗana, daren Juma'a ka zaunar da mu a tsakar gida har wajen sha ɗaya kana ba mu labarin fim ɗin nan Arrival na 2016. Baƙin halittu sun sauko duniya da jirage 12, wata masaniyar harshe ta koyi yarensu, sai ta fara ganin gobe kamar mai tuna jiya. Daga nan ka ɗora naka, wai wata rana za a samu ilimin da mutum zai furta kalma lokaci ya tsaya ko ya ja baya. Na ji daɗin yadda kake bayani. Ban so in katse ka a gaban ƙannenka ba, shi ya sa na ɗauki alƙalami.

Bari in fara da ɗan gyara, halin tsohon malamin makaranta. A labarin da Ted Chiang ya rubuta a 1998, wanda daga shi aka ciro fim ɗin, ba furucin baƙin ne ya sauya matar ba, rubutunsu ne. Kuma ko ita ba ta juya lokaci ba. Ta hango rasuwar 'yarta tun kafin a haife ta, ranar ta zo, ba a ɗaga mata ko awa ɗaya ba. Tunanin ya samo tushe ne daga irin su Benjamin Whorf, wanda ya ce Hopi, wata ƙabila a Amurka, ba sa kallon lokaci yadda Bature ke kallonsa. A 1983 Ekkehart Malotki ya fitar da littafi mai shafi sama da 600 yana nuna cewa harshen nasu cike yake da maganar lokaci.

To amma ba ka yi kuskure duka ba. Magana tana taɓa lokaci, sai dai lokacin wasu take taɓawa, kuma a nan nake da ƙorafi a kanka.

Ranar Talata mahaifiyarka ta shirya tun ƙarfe tara za ka kai ta asibiti. Ta yafa mayafi, ta sa katinta a jaka, ta zauna a bakin gado don kada zanenta ya yamutse. Ta kira ka, ka ce "ga ni nan". Ta sake kira, ka ce "ina kan gada". Har aka kira azahar tana zaune. Daga gadar da ke kusa da filin wasa na Ahmadu Bello zuwa Makera, ko da ƙafa ka tako ai da ka iso. Kalma uku ka faɗa, suka cinye mata wuni guda. Ba ta kawo mini ƙara ba. Ƙanwarka ce ta faɗa mini, mahaifiyarka kam kare ka ma take yi.

Bahaushe bai bar maka uzuri ba. Ya raɗa wa ranakun gaba suna ɗaya bayan ɗaya: gobe, jibi, gata, citta. Yana da bara, bana da baɗi. Mai irin wannan dukiya ba shi da dalilin fakewa da "anjima". Haka "in sha Allah", an koya mana ita ne don mai niyya ya tuna ba shi ke da gobe ba, ba don marar niyya ya samu ƙofar fita ba.

Lokacin da na fara koyarwa a Kakuri masaƙu suna aiki dare da rana. A lokacin ga Kaduna Textiles da aka kafa tun 1957, ga UNTL, ga Arewa. Jiniya na kaɗawa sai titi ya cika da kekuna, iyayen ɗalibaina suna sauya aiki. Wanda ya ce maka "bayan jiniya" to bayan jiniya za ka gan shi.

Akwai kuma abin da ban taɓa gaya maka ba. Bayan rikicin Fabrairun 2000, lokacin da mutane suka yi ta ƙaura kowa na neman inda nasa suke, wani abokin aikina Kirista ya koma Sabon Tasha. Shekara goma sha ɗaya muna raba alli da shi. Duk sanda muka yi waya sai in ce masa "ina nan tafe". Ba ƙarya nake yi ba a raina, amma ban taɓa sa rana ba. Da na je daga ƙarshe, gaisuwar mutuwa na je. Matarsa ta ce har ya kwanta ciwo yana cewa a ajiye kujera, malam ya ce zai zo. Ka ga da akwai ilimin nan naka, ni ne zan fara kama layi.

An sake ba mahaifiyarka Talata mai zuwa. Ka kwana a gida ranar Litinin, ka zuba mai a babur tun da yamma. Ƙarfe takwas zan leƙo, in Allah ya kai mu. In mun dawo ka kunna mini fim ɗin, ina son in ga rubutun nan nasu da idona.