Asirin Masaƙa: Sihiri Ne Ko Gadon Ilmi?

Tun zamanin da ƙasar Zamfara take tunƙaho da audugarta, lokacin da mata ke kwana kaɗi da mazari, da alli a yatsa, maza kuma na wadari a bakin ganuwa, mutanen Anka da Gummi da Bukkuyum ba su ɗauki saƙa a kan sana'ar neman abinci kawai ba. Akan ce gidajen masaƙa na gado suna da asirin da ba su ba bare, har wai akwai wanda zai saƙa ƙwaryar farin da ƙarfe ba ya ci, ko ya ɗaure wa abokin gaba zare ya yini yana tsinkewa. Ba mu kaɗai ke da wannan zato ba, domin Yunanawan dauri sun ƙaga waɗansu mata uku masu kaɗa zaren ajalin ɗan Adam, Dogon na ƙasar Mali kuwa, kamar yadda Marcel Griaule ya rubuta a 1948, sun haɗa asalin saƙa da asalin magana.

To, abin tambaya ga mai hankali shi ne, mene ne hakikanin wannan asiri, kuma ina matsayinsa a shari'a?

Wanda duk ya taɓa tsayawa a rumfar masaƙi ya ga yadda ƙafafu ke taka allira ta buɗe zaren tsaye, hannu ya jefa ƙoshiya ta ratsa da abawa, matsefi ya buga, kunkuru kuma yana matsowa sannu a hankali da dutse a bisansa, alhali mai aikin yana hira bai ko dubi hannunsa ba, lalle ba zai zargi jahili ba in ya ce da aljani a ciki. Amma galibin abin da ake kira asiri, a ganina, ilmi ne da aka tsare: ƙidayar zaren baƙi da na fari da ke fid da saƙi, sanin abawar da za ta jure marina, da yadda ake haɗa tsamiya da auduga. Uba yakan ɓoye wannan ne saboda shi ne jarin gida, in yaro ya ƙosa ya ce masa, "Kai ɗana, wanga aiki ba a koyo nai da gaugawa." Tarbiyya ce irin ta ɗariƙa, da ladabi da izini da silsila, kuma malamai sun ruwaito cewa Annabi Idrisu, alaihissalam, shi ya fara ɗinki, Annabi Dawuda kuma aka sanar da shi saƙar sulke. Muhammadu Bello ma, a cikin Usulus Siyasa da ya rubuta wa Ummarun Dallaje na Katsina, ya hori shugaba da ya raya masu sana'a a ƙasarsa.

Sai dai ba za a ce duka tsarkakakke ne ba. Inda aka koma tofi a ƙulli don cutar da wani, ko yanka domin wanin Allah kafin a kafa masaƙa, nan an fita daga hikima an faɗa sihiri, abin da Suratul Falaƙi ta umurce mu da neman tsari daga gare shi, wanda kuma Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, da ya shekara wajen biyar yana wa'azi a Zamfara, ya yi ta yaƙa a littafinsa Nurul Albabi. Ma'aunin da almajiri ke koya a Ummul Barahina ta Sanusi ya isa raba gardama: sababi ba shi da tasiri da kansa, wuta ba ta ƙuna sai da ikon Mahalicci, balle zare. Wanda ya sa riga mai laya yana ƙudurta cewa ita ke tare mashi, imaninsa ya raunana, ko da ayoyi ne a cikinta; malamai kuwa sun daɗe suna saɓani a kan rataya ayar kanta.

Abin lura kuma, duk asirin nan bai hana sana'ar durƙushewa ba. Da jirgin ƙasa ya iso Gusau ya zarce Ƙauran Namoda a 1929, auduga ta kama hanyar injin gurza da Ingila, akoko da atamfa suka cika kasuwa da araha, daga baya masaƙar zamani ta Gusau ta zo, ita ma ta rufe. Jikokin masaƙa da yawa yau suna ramukan zinariya na Bagega da 'Yargalma, inda gubar dalma ta hallaka ɗaruruwan yara a 2010, kuma a can ma ba a rasa mai sayar musu da layar sa'a. Ƙidayar zaren saƙi kuwa, da yake ba a rubuta ta a allo ko takarda ba, tsohon da ya rasu bai sami mai karɓa ba yakan tafi da ita kabari.