Yaƙe-yaƙen Maraɗi: Ina Iyakar Kare Gida?

 Ya ku ƴan'uwa Musulmi, ga wata tambaya wadda ta cancanci masu hankali su auna ta: idan aka fitar da mutane daga gidansu, suka ɗauki makami domin su koma, har yaushe yaƙinsu yake zama kare kai, kuma a ina yake juyewa ya zama zalunci? Tarihin ƙasar Maraɗi ya ishe mu misali.

A shekarar 1807 jama'ar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo suka ci birnin Katsina, Malam Ummarun Dallaje ya zama sarki. A 1808 Alƙalawa, babban birnin Gobir, ta faɗi, aka kashe Sarki Yunfa. Zuriyar sarakunan Katsina suka yi arewa, suka fake a ƙasar Damagaram, daga bisani Ɗan Kasawa ya zauna Maraɗi a bakin gulbi wajajen 1819, yana riƙe da sunan Sarkin Katsina. Ƙasa ce ƙarama in an gwada ta da daular Sakkwato wadda ta kai har Adamawa, amma ta ƙi miƙa wuya. A 1836 Katsinawan Maraɗi da Gobirawa da wasu Abzinawa suka haɗa ƙarfi, suka kara da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello a Gawakuke. Aka ci su, aka kashe Sarkin Gobir Ali da Sarkin Maraɗi Rauda. Duk da haka ba su watse ba: Mayaƙi ya kafa Tsibiri kusa da Maraɗi, garuruwan biyu suka jingina da juna.

Wanda ya yi adalci ba zai raina wannan dauriya ba. Son wurin da aka binne cibiya hali ne da Allah Ya halicci ɗan Adam da shi, kuma wanda ya tsaya a bakin ganuwa yana kare iyalinsa ba abin zargi ba ne.

Sai dai mu dubi abin da ya biyo baya. Da ya bayyana cewa birnin Katsina ba zai komo hannu ba, yaƙi ya zama hari. Da rani, bayan an kau da amfanin gona, mahaya dawaki da ƴan baka su ratsa daji su faɗa wa ƙauyuka, su kwashi shanu da hatsi da mutane. Zamanin Ɗan Baskore, a tsakiyar ƙarni na 19, hare-haren Maraɗi suka yi nisa cikin ƙasar Katsina da bayanta. Su ma na kudu suka gina ribaɗi, suna fitowa da rundunoninsu suna ramawa. Baturen Jamus mai suna Barth, wanda ya bi ta Tasawa da Gazawa zuwa Katsina a 1851, ya tarar da hanya cike da tsoro, birnin Katsina kuma ya ragu ƙwarai, ciniki ya koma Kano.

To, wa ya biya kuɗin wannan? Manomin da aka ƙone rumbunsa bai ci Katsina ba, bai kuma kori kowa daga gadon sarauta ba. Matar da aka raba da ɗanta aka sayar, harshenta ɗaya da na wanda ya kama ta, sau da yawa ma alƙiblarsu ɗaya. A nan iyakar take: yaƙi yana zama kare kai muddin an nufi mai makamin da ya taso maka. Ranar da mashi ya juya ga wanda bai ɗauki makami ba, kuma ganima ta zama abin da fada take ci da shi, hujjar farko ta ƙare, ko da asalin ƙorafin gaskiya ne. Zaluncin da aka yi wa kakanka ba ya halatta maka dukiyar maraya.

Wani zai ce: ƙaramar ƙasa in ba ta kai hari ba, da me za ta sayi dawaki da sulke? Maganar tana da nauyi, gama mai rauni ba ya da zaɓi da yawa. Amma larura tana da gwargwado, kuma abin da aka shekara tamanin ana yi ya zama sana'a. Tun farkon lamarin malamai sun ga hatsarin. Shehu Muhammadu al-Amin al-Kanemi na Barno ya yi musayar wasiƙu da Muhammadu Bello a kan halaccin yaƙar mutanen da suke salla, Bello kuma ya kawo muhawarar cikin littafinsa Infaƙul Maisuri. Suratul Hujurati ta umurci muminai da su sulhunta ɓangarori biyu na Musulmi idan suka yi faɗa, kuma wannan sulhu ne ya yi ƙaranci a ƙarnin nan.

Ƙarshen al'amari sananne ne. A 1899 rundunar Faransa ta ƙone Birnin Ƙwanni, a shekarar kuma aka ci Damagaram. A 1903 Ingilishi suka ci Kano da Sakkwato. Turawa suka tarar da ƴan'uwa sun gajiyar da juna, suka ja iyaka tsakanin Maraɗi da Katsina ba tare da shawartar kowa ba.

Ya ku jama'a, darasin bai tsufa ba. A 2019 dubban mutane suka tsero daga Zamfara da Sakkwato da Katsina zuwa jihar Maraɗi saboda ƴan bindiga masu kwashe shanu da sace mutane, waɗanda wasunsu suke kafa hujja da cewa an zalunce su tun farko. Jikokin waɗanda suka yi gaba jiya su ne suka buɗe musu ƙofa. Idan za mu ba ƴaƴanmu labarin Gawakuke da Ɗan Baskore, mu yabi dauriya, mu kuma ambaci manomi da matar da makaɗan fada ba su saka cikin kirari ba.

Allah Ya gafarta wa magabatanmu na kowane ɓangare, Ya zaunar da ƙasashenmu lafiya, Ya tsare hannuwanmu daga jinin bayinSa. Amin.