Kiɗan Jamaika a Ƙofar Zaure

Wata rana bayan La'asar muna zaune a wani zaure a Kusfa, ɗalibai suna biya Ishmawi, sai ga mai Keke Napep ya ratso lungu da wani kiɗa mai dukan ƙirji, har malam ya aje alƙalami bai ci gaba ba sai da ƙarar ta yi nisa. Wani tela, tsarana ne, ya girgiza kai ya ce, "Allah sarki zamanin rege, lokacin da waƙa take wa'azi!"

Maganarsa tana da asali, domin kuwa rege, wadda ta tsiro a Jamaika a ƙarshen shekarun 1960, kukan talaka ce a kan zalunci da bauta; amma da Bob Marley ya mutu a 1981, sannan a 1985 King Jammy ya fitar da waƙar Wayne Smith wadda aka ɗora a kan sautin wata ƙaramar na'urar Casio, sai makaɗa suka rasa kasuwa, kiɗan dandali da ake kira dancehall ya rinjaya, zance ya karkata ga kuɗi da mata da bindiga, har guguwar ta iso Ajegunle a Ikko ta haifi rawar galala.

To, ga mas'alar da ta hana ni bin tela ido rufe. Wa'azin nan da yake kewa a kan aƙidar Rasta aka gina shi, wadda take ɗaukaka Haile Selassie, sarkin Habasha, zuwa matsayin allantaka, alhali batsar dancehall, duk muninta, fasiƙanci ce, kuma babu malamin tauhidi da zai daidaita fasiƙanci da shirka. Shin wanne ya fi hatsari, gaskiyar da aka jiƙa da ɓata, ko lagawun da bai yi da'awar komai ba?

Imamu Gazali ya tafi, a babin sama'u na Ihya'u, a kan cewa sauti ba ya zuba wa zuciya abin da babu a cikinta, sai dai ya motsa abin da ya tarar. Ni kuwa nan na fi karkata, saboda telan nan, da ya shekara goma yana taka keke da kaset ɗin Marley a gefensa, bai taɓa jin Turancin Jamaika ba, balle aƙidarsu ta shige shi. Baƙin cikin muryar kawai ya ji, ya fassara shi da bashin da masu ɗinkin Sallah suka hana shi.

Da na kai wa malam wannan bayani, sai ya yi murmushi ya ce, "Kai kuma da ka san sunayensu duka, a wane zaure ka yi karatun?"