Wa Zai Biya Bashin Maroko?

Wanda ya haye gadar Falomo daga Ikoyi ya sauka Victoria Island, ya miƙe gabas zuwa unguwar Oniru, yana taka ɗaya daga cikin filaye mafi tsada a Najeriya. Ta kudu Tekun Atlantika ne, ta arewa tafkin Legas da rassansa. A tsakani kuwa hedikwatocin bankuna ne, da ofisoshin jakadanci, da otel-otel, da gidaje masu dogayen katangu da aka yi wa rawani da wayar lantarki. Galibin masu waɗannan gidaje ba su taɓa korar kowa daga ko'ina ba. Sun ga fili ko gida na sayarwa, sun biya, an ba su takarda mai hatimin gwamnati.

To, mu ɗauki mafi kirkinsu. Mu ce likita ce ko ɗan kasuwa da kuɗinsa halal ne tsantsa, bai ci na kowa ba. Ya sayi gida a filin da shekaru talatin da 'yan kai da suka wuce gidajen wasu ne, aka rushe su da katafila. Akwai wani haƙƙi a wuyansa? Ko kuwa takardar da ke hannunsa ta wanke shi tas? Kafin a amsa, sai an san yadda unguwar ta samu.

Ikoyi da Victoria Island asalinsu fadama ce da dazukan bakin ruwa, da 'yan ƙauyukan masunta. A ƙarshen ƙarni na 19 aka tabbatar cewa sauro ne ke yaɗa zazzaɓin da ke kashe Turawa a Afirka ta Yamma, kuma daga nan hanya ta rabu biyu a gaban masu mulkin mallaka. William MacGregor, gwamnan Legas a farkon ƙarni na 20, wanda shi kansa likita ne, yana ganin a busar da fadamu, a raba kwinin, a kula da lafiyar kowa da kowa. Bai goyi bayan ware Turawa daga mutanen gari ba. Ɗaya ra'ayin kuwa shi ne a nisanta Bature daga baƙar fata, tun da a jinin mutanen gari sauro ke ɗebo cutar. Ra'ayi na biyu ne ya yi rinjaye. Dokar birane ta 1917, ta zamanin Lugard, ta tsara unguwannin Turawa daban, da filin da ba a gini a cikinsa mai faɗin yadi 440 tsakaninsu da mutanen gari. Da wannan tunani aka shata Ikoyi, kamar yadda aka shata unguwar Nasarawa a Kano da makamantanta a Kaduna da Zariya. Har yau sunayen Glover da Lugard da Bourdillon na nan a kan titunan Ikoyi.

Tun a wancan lokaci akwai wani tufka da warwara a cikin tsarin. An hana baƙar fata zama kusa saboda sauro, amma kowane gida yana da ɗakunan boyi-boyi a baya, inda kuku da mai wanki da mai gadi ke kwana. Ashe dai sauron ya san wanda ake buƙatar aikinsa. Wannan shi ne halin da unguwar ta tashi da shi: tana son hannun talaka, ba ta son maƙwabtakarsa.

Da aka sami 'yancin kai a 1960, ba a rushe wannan tsari ba, canjin masu gida kawai aka yi. Manyan ma'aikata da ministoci da hafsoshin soja suka shiga gidajen da Turawa suka bari, kuma daga barikin Dodan da ke nan Ikoyi aka mulki ƙasar shekaru da dama, kafin a koma Abuja a 1991. Aka ci gaba da cike fadamun Victoria Island da rairayi, kuɗin man fetur na shekarun 1970 ya kawo bankuna da kamfanoni. Masu yi wa waɗannan wurare hidima kuwa, direbobi da masu gadi da leburori da ƙananan ma'aikata, da yawansu suka sami wurin kwana a Maroko, wata unguwa ta talakawa da ke manne da Victoria Island ta gabas. Kusanci da wurin aiki ne ya tara su, kuma kusancin nan ne ya zame musu masifa.

A watan Yulin 1990, tsakiyar damina, gwamnan soja na Legas, Raji Rasaki, ya ba mutanen Maroko wa'adin kwana bakwai su tashi. Ranar 14 ga wata katafiloli suka shiga. An ƙiyasta waɗanda suka rasa matsuguni sun kai kimanin 300,000. Kaɗan daga cikinsu aka bai wa gidaje a Ilasan da Ikota, wasu gidajen ma ba a ƙarasa gininsu ba. Sauran suka bazu, kowa ya kama gabansa. Hujjar gwamnati ita ce wurin kwari ne, ruwa na cinye shi kowace damina, ga ƙazanta, ga cuta, zama a ciki haɗari ne.

Hujjar ba ƙarya ba ce. Maroko na shan ambaliya, ba magudanan ruwa, ba tsabtar kirki. Amma abin da ya biyo baya shi ya tona asirin niyya. Da mutane suka tashi, aka cike wurin da rairayi, aka ɗaga shi, aka shimfiɗa tituna, aka yanka fulotai. A kan wannan ƙasa unguwar Oniru da wani sashe na abin da ake kira ƙarin Victoria Island suke a yau. Ke nan matsalar ruwan tana da magani tun can. Abin da ba a yarda ba shi ne a kashe kuɗin maganin alhali talaka na zaune a wurin. Zaɓin da aka yi a zamanin Lugard shi aka maimaita: maimakon a gyara wuri don mutanen da ke cikinsa, aka kawar da mutanen don a gyara wurin.

Mu koma ga mai sayen nan namu. Zai ce: a 1990 ina makaranta, ko ma ba a haife ni ba. Ban ba da umarni ba, ban tuƙa katafila ba. Na saya daga wanda doka ta ce shi ne mai fili. Kuma gaskiyarsa. Hankali da addini duk sun yarda cewa ba a kama wani da laifin wani. Wanda ya ce duk mazaunin Oniru azzalumi ne ya yi zalunci shi ma, kuma ya sauƙaƙa wa waɗanda suka yi aika-aikar, domin idan kowa mai laifi ne, to ba mai laifi.

Sai dai laifi daban, bashi daban. Kowane Bahaushe ya san haka daga rabon gado. Idan uba ya rasu, ba a tuhumar 'ya'yansa da abin da ya aikata, amma ba a raba ko allura sai an fitar da bashin da ake binsa. Ɗan da ya ce shi bai ci bashin ba, don haka a ba shi kasonsa cikakke, dariya za a yi masa. Bashin yana bin dukiyar, ko a hannun wa ta faɗa. Tsadar fili a Oniru ta ƙunshi abubuwa da yawa: teku, tituna, kusanci da bankuna. Amma a cikinta har da rashin Maroko. Da unguwar talakawan na nan, da farashin bai kai haka ba. Wannan rarar kuɗi wani ne ya biya ta da rufin ɗakinsa, kuma har yau ba a mayar masa ba.

Malaman fiƙihun Malikiyya sun yi wannan nazari tun fiye da shekaru dubu. A cikin Risala ta Ibn Abi Zaid, wadda ake karantawa a zaurukan malamanmu, an bambanta wanda ya yi ƙwace da wanda ya saya bai sani ba. Mai ƙwace zai mayar da abu har da amfanin da ya ci, shi kuwa mai saye cikin rashin sani ba a bin sa amfanin da ya riga ya ci. Idan kuma ya yi gini a filin sannan mai haƙƙi ya bayyana, sai a ba mai haƙƙin zaɓi ya biya kuɗin ginin ya karɓi kayansa. In ya ƙi, mai ginin ya biya shi kuɗin filin. In shi ma ya ƙi, sai su zama abokan tarayya, kowa gwargwadon ƙimar abinsa. Ba ina cewa wannan hukunci zai hau kan Legas yadda yake ba, domin mallakar filin Maroko ta daɗe ana jayayya a kanta, kuma da yawan mazaunan 'yan haya ne. Abin lura shi ne ma'aunin: ba a wulaƙanta mai saye ba, ba a rushe gininsa ba, amma kuma ba a ce takardar cinikinsa ta shafe wancan mutum ba.

Akwai wata suka mai ƙarfi. Za a ce: in haka ne, ina za a tsaya? Wace ƙasa ce ba a taɓa ƙwata daga hannun wani ba? Kowane tsohon birni, in aka tona, za a tarar da yaƙi da kora a ƙarƙashinsa. Gaskiya ne akwai iyaka, domin bashin da babu mai karɓarsa kuma ba a san adadinsa ba ya zama tarihi kawai. Amma Maroko ba ta kai can ba. Yaran da aka ɗauko a goye ranar rusau yanzu magidanta ne. Mutanen suna raye, sun san inda gidajensu suke, sun shafe shekaru suna zarya a kotuna. Mai bin bashi yana tsaye a ƙofa, ba a ce masa ai zancen ya tsufa.

Abin da ya fi nauyi ma shi ne aikin bai tsaya ba. A watan Nuwamban 2016, sannan a Maris da Afrilun 2017, aka rushe Otodo Gbame, ƙauyen masunta a bakin tafki a yankin Lekki, mutum fiye da 30,000 suka rasa muhalli, wasu a cikin kwale-kwale suka kwana. A watan Yunin 2017 Babbar Kotun Legas ta yanke cewa korar mutane haka ba tare da an tanadar musu wurin zama ba ta saɓa wa tsarin mulki. A nan matsayin mai saye ya canza. Game da 1990 magaji ne, game da gobe kuwa shi ne kasuwa. Ba wanda zai tura katafila bakin ruwa in bai tabbata akwai masu jiran fuloti ba. Wanda ya sayi fili a bakin tafki yau, bai tambayi su wa ke wurin bara ba, ba zai iya fakewa da rashin sani ba, domin shi ya zaɓi kada ya sani.

Teku ma tana da nata lissafin. Katangun duwatsun da Turawa suka gina a mashigin tashar jiragen ruwan Legas a farkon ƙarni na 20 sun tare rairayin da igiyar ruwa ke kawowa daga yamma, teku ta yi ta cin gaɓar Bar Beach shekara da shekaru. Bar Beach kuwa wurin shan iskar kowa ne, mai kuɗi da talaka. Maganin da aka kawo shi ne Eko Atlantic, sabon birni a kan rairayin da aka kwaso daga teku, da katangar da aka tsara tsawonta zai kai fiye da kilomita takwas. Ta kare Victoria Island, wannan ba musu. Amma gaɓar da ta kasance ta jama'a ta zama fulotan sayarwa, kuma ƙauyukan da ke gabas da katangar suna kukan cewa ruwan ya juyo kansu, kodayake masu aikin sun musanta. Ko ma wane ne ke da gaskiya, tambayar ta dā ce ta dawo: idan za a kashe kuɗi a tare ruwa, wa za a tare wa?

Yaya ake biyan irin wannan bashi? Babban kaso na gwamnatin Legas ne, ita ta yi rusau, ita ke karɓar harajin filayen, kuma diyya da matsuguni ga mutanen Maroko da Otodo Gbame wajibinta ne. Amma gwamnati tana jin muryar Ikoyi da Victoria Island fiye da yadda take jin ta Ilasan. Ƙungiyoyin mazauna waɗannan unguwanni, da ke iya sa a gyara titi cikin mako guda, suna iya sa a buɗe fayil ɗin diyya. Suna iya daina rubuta takardun koke a kawar da 'yan tireda da masu kwana a bakin ruwa ba tare da an ce ga inda za su koma ba. Mai saye yana iya tambayar tarihin fili kamar yadda yake tambayar takardunsa. Mai gida kuma yana iya sanin inda direbansa ke kwana da ƙarfe nawa yake tashi don ya iso aiki, da inda iyalin mai gadinsa suke, wanda sau da yawa ɗan Arewa ne ko ɗan Nijar da ke kwana a ɗan akurkin bakin ƙofa, ya sa wannan a lissafin albashi.

Ba a nemi kowa ya ƙi gidansa ko ya ji kunyar iskar teku ba. Abin da ake nema shi ne mai gidan ya san cewa a cikin kuɗin da ya biya akwai kason da bai isa hannun masu shi ba, kuma masu shi suna nan, tafiyar 'yan kilomitoci gabas a kan titin Lekki zuwa Epe, a gidajen Ilasan da ruwa ke shiga duk damina.