Abinci Da Barci Kafin Tambaya: Darasin Annabi Iliya Ga Iyayen Ɗalibai

Karatu: 1 Sarakuna 19:1-18

Annabi Iliya bai karaya a ranar gwagwarmaya ba, sai bayan nasara. Ya tsaya shi kaɗai a Dutsen Karmel gaban annabawan Ba'al 450, wuta kuwa ta sauko daga sama. Amma da barazanar Yezebel ta iso kunnensa, sai ya gudu zuwa Biyer-sheba, ya bar baransa can, ya yi tafiyar yini guda cikin jeji, ya zauna gindin wani itace, ya roƙi Allah ya ɗauki ransa. Idan gwarzon bangaskiya irin wannan ya kai ga gajiyar rai, ina ga yaro ɗan shekara goma sha shida wanda dukan gida suka rataya begensu a kan sakamakon jarrabawarsa?

Nauyin da ke kan ɗalibai ba ƙarami ba ne. Ga WAEC, ga NECO, ga JAMB, ga kuɗin makaranta da iyaye suka biya da gumi, suna kuma tuna wa yaro safe da yamma. A 2022 yajin aikin malaman jami'o'i ya zaunar da ɗalibai a gida wata takwas. A 2025 fiye da ɗalibai miliyan ɗaya da rabi suka sami ƙasa da maki 200 cikin 400 a jarrabawar JAMB. Daga baya shugaban hukumar, Farfesa Ishaq Oloyede, ya nemi gafara da hawaye, domin matsalar na'ura ta ɓata sakamakon kusan 380,000 a Legas da jihohin kudu maso gabas. Yara nawa ne suka sha zagi a gida kafin gaskiya ta bayyana? Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce ɗaya cikin kowane bakwai na masu shekara 10 zuwa 19 yana fama da matsalar lafiyar ƙwaƙwalwa. Waɗansunsu suna cikin ƙungiyar mawaƙa kowace Lahadi.

Yadda Ubangiji ya bi da bawansa abin lura ne. Da fari, bai tsauta masa ba. Ya bar shi ya yi barci, ya aiko mala'ika da abinci da ruwa har sau biyu. Na biyu, a Dutsen Horeb ya tambaye shi abin da ya kawo shi, ya saurare shi har ya amayar da dukan ɓacin ransa. Na uku, ya nuna masa ba shi kaɗai ba ne, akwai mutum 7,000 da ba su durƙusa wa Ba'al ba, ya kuma ba shi Elisha ya zama abokin aiki.

Wannan tsari ne ya kamaci gidan Kirista. Yaron da ya daina cin abinci, barci ya ƙaurace masa, ya janye daga abokai, ko yana yawan cewa rayuwarsa ba ta da amfani, ba taurin kai yake yi ba. Kada iyaye su gwada shi da ɗan maƙwabci. Su zauna da shi, su tambaya a hankali, su saurara. Idan ya ambaci mutuwa, kada a bar shi shi kaɗai, a nemi likita a ranar.

Zuwa asibiti ba rashin bangaskiya ba ne; Luka, abokin tafiyar Manzo Bulus, likita ne. Akwai asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya a Kaduna, Yaba, Abeokuta, Enugu da Kalaba, kuma a Janairun 2023 aka sa hannu a sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa, wadda ta maye gurbin tsohuwa ta 1958. Addu'a da magani ba kishiyoyi ba ne. Fastoci, dattawa, Zumuntar Mata da shugabannin matasa su ziyarci wanda ya faɗi jarrabawa kamar yadda suke taya wanda ya ci murna.

Ana sake jarrabawa, amma ba a sake rai. Almasihu ya mutu domin yaron tun bai san hanyar makaranta ba, darajarsa kuwa ba a takardar sakamako take ba. Ubangiji ya ba iyaye kunnen saurare da zuciyar jinƙai. Amin.