Rawani da Kwano na Wankin Ƙafa

Da yawa daga cikinmu da ke zaune a GRA ta Katsina 'ya'yan ƙauye ne. Daga Malumfashi da Kafur da Funtuwa muka fito, karatu da aiki suka kawo mu birni. Sa'anda muka koma gida lokacin Kirsimati, da wane ido muke duban dagaci da mai unguwa?

Dā can dagaci shi ke tara haraji da jangali ya kai wa hakimi, hakimi ya kai baitulmalin En'e. A 1976 aka kafa ƙananan hukumomi, ikon En'e ya ƙare. A 1979 Gwamna Balarabe Musa ya soke haraji a Jihar Kaduna, Katsina kuwa tana cikinta a lokacin. Rawani ya saura, sandar tilas ta tafi. Duk da haka idan rigimar iyakar gona ta tashi, ko shanu suka yi ɓarna, ƙofar dagaci ake fara zuwa, gama shi ya san inda kakan kowa ya kafa fartanya.

Ku buɗe 1 Sarakuna sura 12. Jama'a suka zo Shekem suna roƙon Rehobowam ya sauƙaƙa musu nauyin da Sulemanu ya ɗora. Dattawa suka ba shi shawara ya yi wa mutane hidima, samari abokansa suka zuga shi ya ƙara tsanani. Ya bi samari, kabila goma suka ɓalle. Zunubinsa biyu ne: ya raina furfura, ya kuma toshe kunne ga kukan talakawa.

Kai ɗan makaranta, kada takardarka ta sa ka gaida mai unguwa a tsaye da takalmi. Ilimin da ka samu, kai shi zaure da ladabi. Sarkin Katsina Muhammadu Dikko ya riƙe al'adar gidansa, a zamaninsa kuma aka gina Kwalejin Katsina. Tsoho da sabo suka zauna inuwa ɗaya.

Kai kuma mai rawani, da kai dattijon ekklesiya, idan gwauruwa ta zo ƙarar an cinye gonar marayunta, wa za ka bi? Ubangiji Yesu ya ɗaura mayafi, ya ɗauki kwano, ya wanke ƙafafun almajiransa, bisa ga Yohanna sura 13. Ikon da ya rage maka ke nan, babu dokar gwamnati da za ta soke shi.

Bari mu riƙa ambaton hakimanmu da dagatanmu cikin addu'a kowace Lahadi, Musulmi da Kirista duka. Allah ya ba su adalci, ya ba mu tawali'u. Amin.