HUKUNCIN KALLON NAUSHI DA JINI A CIKIN WAYA

Bismillahir Rahmanir Rahim. Tsira da amincin Allah su tabbata ga Manzonsa.

Bayan haka, ya kai ɗan'uwa matashi, magana ce a kan 'yan gajerun fina-finan da kake turawa abokanka, na dambe da na daba, minti biyu ko uku, babu komai ciki sai ƙarar naushi da mutum ya faɗi. Da can dambe sai kaka ta yi, an kai gero rumbu, mahauta su buga kalangu a bayan gari, wanda ya je shi ya gani. Yau daga Dakko har kasuwar Talata Mafara yana cikin aljihun kowa, har da yaron da bai iya alwala ba.

To, ka sani Annabi (S.A.W.) ya hana dukan fuska ko da faɗa ya kama, Buhari da Muslim duk sun ruwaito. Shi kuwa dambe ina ake nema in ba fuska ba? Saboda wannan ne majalisar fiƙihu ta Rabiɗa da ke Makka ta haramta damben zamani a 1987. Namu ma ya ƙara da layu da guraye. Kuma dubi sunan da suke ba kayarwa, wai "kisa". Yaro ya tashi yana tafi in an ce an kashe wani, a ƙasar da aka kwashe 'yan mata ɗari biyu da saba'in da tara daga makarantar Jangebe a 2021!

Za ka ce ai kallo kawai nake. A'a, malam. Mai ɗora fim a YouTube da yawan masu kallo ake biyansa, idonka shi ne kuɗinsa, kai ka ɗauki nauyin karo na gaba. Wani ya ce na daba ai shiri ne, jinin ma kala ce. Gaskiya ne, amma yadda ake riƙe wuƙa da ƙanenka ya koya a ciki ba shiri ba ne.

Kokawa ba a hana ka ba, Annabi da kansa ya kayar da Rukana. Abin da shari'a ta tsare shi ne jikin ɗan Adam, har ta yi masa farashi: haƙori ɗaya raƙuma biyar, ido ɗaya rabin diyyar rai, raƙuma hamsin. Wannan da ka ga bakinsa ya fashe, ka mayar da wurin baya sau uku kana dariya, je ka tambaya wa ya biya shi.